Mutanen Ramin Yaya Dalhatu

A gidanmu rumbu biyu ne, ƙarami da babba. Ƙaramin na ci ne, daga kaka har inda ƙarfinsa ya kai. Babban shi ne na gandu. Da an gama zuba damman hatsi a ciki sai a yaɓe bakinsa da laka, a kifa masa jinka, ba mai sake taɓa shi sai ruwan shuka ya sauka. Haka ake yi a ƙauyukanmu na gefen Dungas tun kafin a haifi kakata. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Gidan da ya cinye hatsinsa da rani, da damina ƙwadago zai tafi gonar wani don ya sami na tuwo, tasa gonar kuma ciyawa ta cinye. Na san wannan sarai, kada wani ya zo yana koya mini. Ni ma 'yar manoma ce.

Shekarar da nake ba da labari, ruwa ya ɗauke hatsi yana bununi. Abin da aka girbe kusan duka babban rumbu ya tafi, ƙaramin kuwa bai ga tsakiyar rani ba. Maza suka watse cin rani kamar yadda aka saba, don a rage bakuna a gida. Mijina Mainassara, to na faɗi sunan, ai ba ya nan balle ya ji, ya bi mota zuwa Libiya. Ya bar ni da Sa'ida mai shekara biyar, da ɗanyen goyo, Hanif. Sau ɗaya ya kira daga Agadas, daga nan shiru.

Namiji ɗaya ya rage a gidan, Yaya Dalhatu, wan mijina. Shi ne maigida tun da surukina ya rasu. Ba ya zuwa cin rani, don ramin zinariya ya taɓa rufta masa a Jado, ya dawo da ƙafa ɗaya a shanye. Abin da ya samo a can shi ne wannan ƙafa da wata babbar salula mai fashewar gilashi. Wuni yake a kan tabarma a inuwar babban rumbun, bayansa jingine da shi, ga ɗan pano a rana yana ba salular wuta.

Da fari na zaci wa'azi yake saurare. Matarsa Gimbiya ce ta taɓe baki ta ce mini, "Wane wa'azi? Wasa ne. Gida yake ginawa a ƙarƙashin ƙasa."

Wata rana na kai masa ruwa na leƙa. Mutumin da ba ya haɗa kalma uku da matan gidan, sai ga bakinsa ya buɗe. Ya ce a cikin wasan duniya ta ƙone, iska ta zama guba, ba mai rayuwa a waje, don haka shi ne shugaban waɗanda suka tsira, yana haƙa musu ɗakuna ƙasa-ƙasa. Ya nuna mini da yatsa: ga ɗakin tace ruwa, ga na wuta, ga inda ake shuka abinci a ƙarƙashin fitila, ga na barci, ga ɗan gidan likita. 'Yan mutane ƙanana sai kai da kawo suke a ciki kamar tururuwa. A sama akwai layuka uku, na ruwa da na wuta da na abinci. In kore ne, lafiya. In ya koma ja, mutuwa ta ƙaraso. Da faransanci aka rubuta komai, shi kuwa ya yi lekol, wato boko, kaɗan, yana karantawa a hankali yana motsa leɓe.

"Waɗannan na bakin ƙofa fa?" na tambaye shi. Wasu ne a tsaye a waje, gaban wata ƙatuwar ƙofar ƙarfe.

"Baƙi ne. Suna son shiga."

"To ka buɗe musu mana, Yaya."

Ya girgiza kai. "Ba yanzu ba. Ɗakin abincin bai kai ba tukuna."

Dariya na yi a ranar, Allah ya sani. Na koma na ba Gimbiya labari muka yi ta ƙyalƙyata, wai ƙato da gemu yana gadin aljanu a cikin gilashi.

Bazara ta shigo da zafinta. Hatsin gayaunarmu, mu mata, ya ƙare. Yaya ya kai awaki kasuwar Dungas ɗaya bayan ɗaya, yana dawowa da garin rogo da dusa. Muka shiga daji neman dilo, 'ya'yan anza, a jiƙa shi a yi ta sauya ruwa har ɗacin ya ragu. Shi da kansa yake auna wa kowane ɗaki da 'yar ƙwarya, ya share bakinta da gefen hannu. Ba zan yi masa ƙarya ba, bai taɓa ƙara wa ɗakinsa ko cikin cokali ba, kuma rabonsa shi ne ƙarami. Wuyansa ya zama kamar na zakara. Amma adalcinsa ne ya cuce ni, domin ni ba baki ɗaya ba ce. Abin da na ci shi Hanif zai sha.

Nonona ya fara ja baya. Yaro ya kama, ya tsotsa, ya tsotsa, ya saki ya fasa kuka, in mayar da shi ɗaya ɓangaren, nan ma haka. Na goya shi na tafi gidan likitan da ke ƙauyen kusa da mu. Matar da ke can mutuniyar kirki ce. Ta auna shi, ta duba bakinsa da idonsa, ta ba ni wasu ƙwayoyi, ta ce, "Wannan bai isa cin komai ba, nono ne abincinsa. Ke ce za ki ci. Ki samu fura ki sha, kunu, duk abin da aka yi da hatsi. In kin ga ya fara zawo ko ya ƙi kama nono, kada ki tsaya nan, babban asibitin Magariya za ki wuce."

Fura. A gidanmu akwai hatsin da zai yi furar gari guda, ga shi can a tsaye a tsakar gida, kullum sai na wuce ta gabansa in zan je rijiya.

Matar ƙani ba ta tsayawa gaban wan miji ta yi doguwar magana, amma na je. Da hantsi ne. Na durƙusa a gefen tabarma da Hanif a cinya.

"Yaya, wurinka na zo."

"Ina ji." Idonsa na kan gilashi.

"Dami ɗaya nake roƙo. Ba don ni ba. Nonona ya ƙafe, likita ta ce sai na sha fura."

Ya ajiye salular a kan cinyarsa, ya dubi yaron ya daɗe. Sai ya ce, "Furera, ba a buɗe shi sai an yi shuka. Kin sani."

"Na sani. Dami ɗaya na ce."

"Babu dami ɗaya. In na fasa lakar nan yau, gobe Gimbiya za ta zo da nata yaran, kuma tana da gaskiya. Jibi Inna. Kin san kuma sussuka ba ta ɓoyuwa. Da maƙwabta sun ji taɓarya a gidan nan, ƙwarya za ta fara shigowa, wa zan kora? Kafin ruwa ya zo rabi ya tafi. In Mainassara ya dawo da me zai riƙe hauya?"

Da ya tsaya nan, wataƙila da na tashi da kunyata. Amma sai ya ɗauki salular ya juyo mini da ita.

"Kin ga wannan? Ramina na biyu ne. Na farkon, duk wanda ya ƙwanƙwasa sai in buɗe masa, tausayi nake ji. Aka cika maƙil. Layin abinci ya yi ja, na kwashe mutane daga ɗakin ruwa na kai su noma, ruwa ya yi ja. Ciwo ya shiga. Ina kallo suka yi ta faɗuwa ɗaki-ɗaki, har da waɗanda na fara da su, waɗanda ba su yi laifin komai ba. Ko mutum ɗaya bai tsira ba. Tun daga nan na gane, mai riƙe da ƙofa ba ya kallon fuska. Layi yake kallo."

A gilashin na hango wata 'yar mata da ƙaton ciki tana tafiya tsakanin ɗakuna, wani ɗan yaro yana bin ta.

"Waccan mai cikin fa, Yaya? Aiki take?"

"A'a. Mai ciki ba ta aiki a nan. Ci kawai take har ta haihu."

"Ashe. To wallahi ta fi ni sa'ar wan miji." Na ɗaga masa Hanif. "Ka dubi ɗan ƙaninka. Wannan ba zane ba ne, in ya faɗi ba a sake sabon rami. Kai da ƙasa ta danne, mutane suka haƙa da hannu suka zaro ka, da layi suka duba da yanzu kana can."

Fuskarsa ta yi baƙi. Na zaci zai zage ni, da ma ya zage ni ɗin. Sai kawai ya ce, a hankali, "Daga yau rabona na garin rogo naki ne. Tashi ki shiga ciki."

Ya cika alkawari. Amma garin rogo ba ya kawo nono, ko akuya ta san wannan. Cikina ya kumbura, ƙirjina yana nan fayau.

Ran Juma'a ya ɗingisa zuwa masallaci, gari ya yi tsit. Na kwantar da Hanif, na jawo tsani na jingina da babban rumbun. Mace ba ta hawa rumbun gandu, ko leƙa shi ba ta yi, wai albarka ce ke gudu. A ranar ko a jikina. Na ɗaure zani tamau, na ɗauki guntuwar taɓarya, na hau. Na ture jinkan gefe, na ɗaga hannu zan doki lakar, sai na ji an riƙe mini ƙafa.

Inna ce, uwar mijina, tsohuwar da ko buta ba ta iya ɗagawa cike. Ban san inda ta samo ƙarfin ba.

"Sauko, 'yar nan."

"Inna, sake ni. Jikanki ne fa."

"Na san jikana ne. Sauko." Ba ta ɗaga murya ba. "Ni ma na binne 'ya'ya biyu a gindin rumbun nan yana cike, shekarar da aka ci dusa. Ubansu bai buɗe ba. Waɗanda suka rage su ne Dalhatu da mijinki. In kin fasa, ba za ki ƙara zama a garin nan ba, za a ce ke ce kika ɓalle gandu. Ina za ki da yara biyu?"

Na tsaya a kan tsanin da taɓarya a sama. Har yau ina tambayar kaina me ya hana hannuna sauka. Ba tsoron Yaya ba ne, ba kuma maganar albarka ba. Ina jin idon tsohuwar ne, da yadda ta faɗi abin kamar tana ba da labarin farashin gishiri. Na sauko ina kuka, na gyara jinkan da kaina. Da yamma ta aiko Sa'ida da ɗan ƙullin gero da ta ɓoye tun kaka, bai cika tafin hannu biyu ba. Na dama na sha, nono ya ɗan ɗigo kwana ɗaya.

Bari in faɗi wani abu tun yanzu, don kada a ce na ɓoye. Lissafin Yaya daidai ne. Hatsin nan shi ya riƙe gidan har aka gama noma, ba wanda ya je ƙwadago, kuma kakar da ta biyo baya ta yi kyau. Gidaje biyu a unguwarmu da suka buɗe da wuri sun sayar da gonakinsu. Mutane har yabonsa suke, wai Dalhatu namiji ne. In na ji haka sai in tashi daga wurin, don bakina ba shi da linzami.

Hadari ya fara haɗuwa a gabas yana watsewa. Kullum Yaya sai ya ɗaga kai ya dubi sama, ya mayar kan gilashinsa. Ramin nasa kuwa sai bunƙasa yake. Na ji yana gaya wa wani maƙwabci cewa ya haƙa hawa na ƙasa, ya sa injin wuta na biyu, kuma tun da ya fara wannan ramin ko mutum ɗaya bai mutu ba. Ya faɗe shi da irin muryar da ake faɗin an sauke Alƙur'ani. Yanzu na fahimci abin da yake nema a ciki, wuri ɗaya a duniya da in ka yi daidai ba wanda zai mutu. A lokacin ban fahimta ba, kuma ko na fahimta ba zai sa in yafe ba.

Na fara ba Hanif ruwan garin rogo da cokali, don ba zan iya kallon bakinsa a buɗe ba. Zawo ya kama shi. Wata safiya na sa masa nono ya kau da kai, ko kukan ma ya daina. Na fito da shi tsakar gida, na miƙa wa Yaya shi a kan tabarma. Ya duba, ya rufe wasan nan take, ya kira wani mai kabu-kabu. Da sandarsa ya raka mu har bakin hanya, yana cewa yaron babur, "Magariya, kada ka tsaya ko'ina."

Hanyar yashi ce, babur yana tangaɗi. Na goya shi a baya na rufe shi da mayafi. Ina jin ɗumin numfashinsa a tsakanin kafaɗuna, kaɗan-kaɗan. Mun wuce wata kasuwa da ke ci, mun wuce wani garken shanu. Can wajen wasu gawo na lura bayana ya yi sanyi. Ban ce a tsaya ba. Sai da muka ƙara tafiya mai nisa sannan na taɓa kafaɗar mai babur na ce, "Malam, juya mu koma."

Kafin la'asar an kai shi makwancinsa. Ɗan ƙaramin ƙunshi ne, Yaya ya ɗauke shi a hannu biyu, wani ya riƙe masa sandar.

Washegari da safe ina zaune a ɗakin Inna, mata sun fara shigowa gaisuwa, sai na ji ƙarar tsani. Na leƙa ta ƙofa. Yaya Dalhatu ne yake hawa, yana jan shanyayyiyar ƙafar mataki-mataki. Ya ture jinkan, ya ɗaga gatari, ya doki lakar. Sau biyu kawai ya doka ta fashe. Ashe ba ta da wani kauri.

Na ce wa Gimbiya, "Me yake yi?"

Ta sunkuyar da kai. "Baƙi za su zo daga Dungas da Sassumbrum, danginku ma suna hanya. Ga sadakar uku. Ai dole a yi gumba, a dama fura."

Haka ne kuwa. Ga rasuwa ana buɗe rumbu, ko da rani ne, ba mai cewa an ɓalle gandu. Abin kunya ma shi ne mai gaisuwa ya zo ya koma da ƙishirwa. Na san wannan al'ada kamar yadda na san waccan, amma ban taɓa jera su wuri ɗaya ba sai a ranar. Ina kallo yana miƙo damma ana karɓa. Ba ɗaya ba, ba biyu ba. Na daina kallo.

Taɓare suka tashi a tsakar gida, matan unguwa suka haɗu a kan turame, ƙanshin ɗanyen hatsi ya cika ko'ina. Yaran gidan suka kewaye masu daka suna lasar gari daga tafin hannu. Maza suna waje a kan tabarmi, zana ce kawai tsakanina da su. Ina jin muryar Yaya yana amsa gaisuwa, haƙuri sai ma'aiki, haƙuri sai ma'aiki. Can sai salularsa ta yi ɗan kukan nan da take yi in ɗakin abincin ramin ya cika yana jiran a kwashe. Duk gidan mun san kukan. Ya yi shiru a tsakiyar magana. Ban san ko ya ciro ta ba, kuma ban tambayi kowa ba.

Inna ta shigo da ƙwarya cike da fura, mai kauri, har da nonon shanu da wata Bafillatana ta kawo gudummawa. Ta ajiye a gabana.

"Sha."

"Ba na sha."

"Za ki sha. Kina da Sa'ida."

Na ce ta ɗauke, na ce a kai wa mai cikin da ke cikin salula. Ta zauna ta ɗebo a ludayi ta kai bakina kamar yarinya, ta riƙe a nan. Na so in ture, wallahi na so. Amma ƙanshin ya shiga hancina, bakina ya buɗe da kansa. Na sha. Na karɓi ludayin na shanye ƙwaryar tas ina kuka, ina jin haushin kaina, kuma da daɗi. Wannan ne abin da ba zan manta ba, da daɗi. Da yamma aka sake kawowa na sha, washegari ma haka, ga kunu, ga gumba, duk wadda ta shigo sai ta ce a ba uwar mamaci.

Ranar sadakar uku, malamai suna addu'a a waje, ina zaune a tsakiyar mata da tafukana a sama. Jaririn wata baƙuwa ya fasa kuka a bayan ɗaki. Sai na ji ƙirjina ya yi tsam, ya ɗaure, irin yadda yake yi a makon haihuwa. Kafin a shafa, gaban rigata ya jiƙe, duka ɓangarori biyun, yana ɗiga a kan cinyata. Matar da ke kusa da ni ta gani ta kau da kai.

Inna ta tashi. Ta yage gefen wani tsohon zani, ta ja ni bayan ƙyaure, ta ce in ɗaga hannu. Ta naɗe mini ƙirji da shi, ta ja da ƙarfi ta ƙulle a baya.

"Kada ki matse," ta ce. "In kin matse ƙara zuwa zai yi."